Tarihin Rikicin Larabawa Da Isra'ila, Da Yadda Najeriya Ta Yi Ta Sauya Matsayi A Kansa

Kwanakin baya wani ƙanena da ke sana'ar kayan gwari a kasuwar Mile 12 ta Legas ya kira ni da daddare, ransa a ɓace. Musu ne ya kaure tsakaninsa da maƙwabcin rumfarsa a kan yaƙin Gaza, har suka kwana uku ba sa gaisawa. Maƙwabcin ya ce masa Najeriya ta daɗe tana gaba da Isra'ila ne saboda Musulmin Arewa sun kankane mulki. Shi kuma ya mayar masa da cewa ai Kiristocin Kudu ne suka jawo mana Yahudawa cikin ƙasa. Ya ce da ni, "Yaya, kai da kake Abuja, wa ya fi gaskiya a cikinmu?" Na ce masa duk cikinku babu wanda ya ci.

Shugaban da ya yanke hulɗar jakadanci da Isra'ila a 1973 Kirista ne, wato Janar Yakubu Gowon. Wanda ya maido da ita a 1992 Musulmi ne, Janar Ibrahim Babangida. A yau kuma nan Abuja akwai ofishin jakadancin Isra'ila a unguwar Asokoro, akwai kuma na Falasɗinu, kowa da tutarsa. Addini yana da tasiri a lamarin, babu mai musun haka, amma duk lokacin da Najeriya ta juya, idan ka duba da kyau za ka tarar manyan ƙasashen duniya ne suka fara juyawa, ko kuwa wata buƙata ce ta gida ta taso. Shi ya sa na ga ya dace in jero tarihin a wuri guda, domin 'yan'uwa mazauna Sabo, Agege, Ama Hausa da sauran zanguna su samu abin dubawa idan irin wannan magana ta taso.

Asalin rikicin: hannun Turawan mulkin mallaka

Bari mu fara da shekarar 1903, wadda duk Bahaushe ya san ta. A watan Fabrairu sojojin Lugga suka ci Kano, a watan Maris suka ci Sakkwato, a watan Yuli aka kashe Sarkin Musulmi Attahiru a Burmi. Ministan ƙasashen mulkin mallaka na Ingila a lokacin, wanda Lugga ke aiki a ƙarƙashinsa, shi ne Joseph Chamberlain. A wannan shekarar ce dai Chamberlain ya yi wa Theodor Herzl, jagoran masu fafutukar kafa ƙasar Yahudawa, tayin wani yanki a gabashin Afirka, cikin ƙasar Kenya ta yau. Yahudawan da suka sha kisa da kora a Rasha da gabashin Turai sun yi ta muhawara a kai, a 1905 suka ƙi tayin, suka ce Falasɗinu suke so.

Falasɗinu a lokacin tana hannun Daular Usmaniyya ta Turkawa (kada a haɗa ta da tamu ta Sakkwato). Da Yaƙin Duniya na Ɗaya ya ɓarke, Ingila ta yi alkawari uku masu karo da juna. Tsakanin 1915 da 1916 ta yi wa Sharif Husaini na Makka alkawarin ƙasar Larabawa mai 'yanci idan ya yi wa Turkawa tawaye. A 1916 ta ƙulla yarjejeniyar sirri da Faransa, wadda aka sani da Sykes-Picot, suka raba yankin a tsakaninsu. Ranar 2 ga Nuwamba 1917 kuma ministan harkokin wajenta, Arthur Balfour, ya rubuta wasiƙar goyon bayan kafa wa Yahudawa mazauni a Falasɗinu. Bayan yaƙi, a 1922, Majalisar Ƙasashen Duniya ta wancan zamani ta damƙa wa Ingila riƙon Falasɗinu. Shi kansa Lugga, bayan ya bar Najeriya, ya shafe fiye da shekara goma yana wakiltar Ingila a hukumar da ke duba yadda ake tafiyar da irin waɗannan yankuna na riƙon amana, har da Falasɗinu.

Kisan kiyashin da gwamnatin Hitila ta yi wa Yahudawa kimanin miliyan 6 ya sauya tunanin duniya. Ingila ta gaji, ta miƙa maganar ga Majalisar Ɗinkin Duniya. Ranar 29 ga Nuwamba 1947 aka kaɗa ƙuri'ar raba Falasɗinu gida biyu: ƙasashe 33 suka amince, 13 suka ƙi, 10 suka ƙaurace. Abin da mutane da yawa ba su sani ba shi ne, Amurka da Tarayyar Sobiyet duk sun goyi bayan rabon. Rasha ta lokacin so take ta fitar da Ingila daga yankin, kuma makaman da suka ceci Isra'ila a yaƙin 1948 daga Cakoslobakiya suka fito, ƙasar da ke ƙarƙashin inuwar Mosko. An ayyana kafa Isra'ila ranar 14 ga Mayu 1948. Ƙasashen Larabawa suka shiga yaƙi, Isra'ila ta yi galaba, Falasɗinawa kimanin dubu 700 suka rasa gidajensu, abin da suke kira Nakba. A shekarun da suka biyo baya dubban ɗaruruwan Yahudawa ma sun bar ƙasashen Larabawa, wasu da son ransu, wasu ala tilas.

Namu na can

Akwai wani abin da ya kamata mu 'yan zango mu sani. A tsohon birnin Ƙudus, dab da ɗaya daga ƙofofin Masallacin Aƙsa, akwai wata 'yar unguwa ta baƙaƙen fata. Kakanninsu alhazai ne daga Najeriya, Cadi, Sudan da Senegal, cikinsu har da Hausawa, Fulani da Barebari, waɗanda suka zarce Ƙudus bayan aikin Hajji, akasari a zamanin riƙon Ingila, suka yi aure suka zauna. Zango ne sak irin namu. Cikin 'ya'yansu akwai Fatima Barnawi, wadda mahaifinta ɗan Najeriya ne, kamar yadda sunan ya nuna. Isra'ila ta ɗaure ta a 1967 saboda dasa bam a wani gidan silima, bam ɗin da bai tashi ba. Ta yi shekara goma a kurkuku, daga baya ta shugabanci 'yan sanda mata na hukumar Falasɗinu, ta rasu a 2022.

Suwez da Yaƙin Cacar Baka

Ƙawancen Mosko da Isra'ila bai yi ƙarko ba. A 1955 Shugaba Gamal Abdul Nasir na Masar ya sayi makamai daga ɓangaren 'yan gurguzu, ta hannun Cakoslobakiyar nan dai. Amurka ta janye tallafin gina madatsar ruwan Aswan, shi kuma ranar 26 ga Yuli 1956 ya ƙwace mashigin ruwan Suwez daga hannun kamfanin Ingila da Faransa. A ƙarshen Oktoba Isra'ila ta afka wa Sinai, Ingila da Faransa suka biyo baya, bisa wani shiri da suka ƙulla a ɓoye. Wanda ya tilasta musu janyewa shi ne Shugaba Eisenhower na Amurka, wanda ya matsa wa Ingila lamba ta fuskar kuɗi, ita kuma Rasha ta yi barazana. Daga nan tsofaffin 'yan mulkin mallaka suka koma gefe, fage ya zama na Amurka da Rasha.

Wannan gasa ta shigo har cikin akwatin rediyon iyayenmu. BBC ta buɗe sashen Hausa a 1957, watanni kaɗan bayan kunyar Suwez. Rediyon Alƙahira da na Mosko ma sun riƙa watsa shirye-shirye da Hausa, Jamus da Sin suka shigo a 1963, Muryar Amurka a 1979. Kowa yana ba da labarin Gabas ta Tsakiya ta inda ya fi masa daɗi.

Jamhuriya ta farko: ƙasa ɗaya, matsayi uku

Isra'ila ta ga maƙwabtanta sun kewaye ta, sai ta tsallake su ta nemi abokai a Afirka. Ministar harkokin wajenta, Golda Meir, ita ce ta ja ragamar wannan aiki. Jihar Yamma ta Cif Obafemi Awolowo da Jihar Gabas suka karɓe ta hannu bibbiyu tun kafin 'yancin kai. Ƙauyukan noma da gwamnatin Yamma ta kafa daga 1959 an kwaikwayo su ne daga na Isra'ila. Kamfanin gine-gine na Solel Boneh ya yi haɗin gwiwa da gwamnatocin jihohin biyu. Wanda ya zana harabar Jami'ar Ife ma Bayahuden Isra'ila ne mai suna Arieh Sharon, ba Ariel Sharon soja ba, suna ne ya yi kama.

A Arewa labari ya sha bamban. A 1960 gwamnatin tarayya ta karɓi rance daga Isra'ila, gwamnatin Sardauna Ahmadu Bello ta fito ta ce ba ruwanta da kuɗin, kada a kawo mata ko kwabo. Sardauna ya ƙulla zumunci da Saudiyya, Masar, Jodan da Kuwait, ya zama mataimakin shugaban ƙungiyar Rabiɗa da aka kafa a Makka a 1962, kuma ya faɗa a fili cewa shi a wurinsa babu wata ƙasa Isra'ila.

Firayim Minista Abubakar Tafawa Ɓalewa, ɗan jam'iyyar Sardauna, ya tsaya a tsakiya. Ya ce Najeriya za ta yi hulɗa da kowa, ba za ta ɗauko rikicin wasu ta kawo gida ba. Aka bar Isra'ila ta buɗe ofishin jakadanci a Legas a 1960, amma Najeriya ba ta buɗe nata a can ba. An raba ɗaya biyu ke nan, don kada gwamnatin haɗin gambiza ta wargaje.

1967: yaƙi biyu a wata biyu

Ojukwu ya ayyana Biyafara ranar 30 ga Mayu 1967. Kwana shida bayan haka, ranar 5 ga Yuni, yaƙin kwana shida ya ɓarke a Gabas ta Tsakiya. Isra'ila ta mamaye Sinai da Zirin Gaza daga hannun Masar, Gaɓar Yamma da gabashin Ƙudus daga hannun Jodan, da Tuddan Golan daga hannun Siriya. Ranar 6 ga Yuli namu yaƙin basasar ya fara.

Yaƙoƙin biyu sun taɓa juna. An rufe mashigin Suwez, bai sake buɗewa ba sai 1975, don haka man fetur ɗin Najeriya ya ƙara daraja a idon Ingila, ta tsaya bayan gwamnatin tarayya. Amurka ta ƙi sayar wa Gowon makamai. Rasha ta ga dama ta samu, ta kawo jiragen yaƙi samfurin MiG, kuma cikin waɗanda suka tuƙa su har da matuƙa 'yan Masar. Faransa ta taimaki Biyafara ta bayan fage, ta hanyar Gabon da Kodibuwa. Ita Isra'ila ba ta rufe ofishinta na Legas ba, amma jama'arta sun tausaya wa Biyafara ƙwarai, an kai kayan agaji, gwamnatin Legas kuma ta riƙa zargin abin ya wuce agaji. Duk wanda ke zaune a Aba ko Onitsha yana ganin tutar Isra'ila a jikin motoci da shaguna, to ga ɗaya daga cikin saiwoyin abin.

A shekarar nan Najeriya tana da kujera a Kwamitin Sulhu na Majalisar Ɗinkin Duniya. Ita da Indiya da Mali sun gabatar da nasu daftarin sulhu, daga bisani aka amince da na Ingila ranar 22 ga Nuwamba 1967, wato ƙuduri mai lamba 242, wanda ya ce Isra'ila ta janye daga yankunan da ta mamaye, su kuma maƙwabta su yarda kowace ƙasa ta zauna lafiya cikin iyakokinta. Har gobe a kansa ake gina kowace tattaunawa, kuma da ƙuri'ar Najeriya a ciki. A Nuwamban 1971 ma Gowon yana cikin shugabanni huɗu da Ƙungiyar Haɗin Kan Afirka ta tura Alƙahira da Ƙudus neman sulhu, tare da Senghor na Senegal, Ahidjo na Kamaru da Mobutu na Zayar. Sun gana da Anwar Sadat da Golda Meir, amma haƙa ba ta cim ma ruwa ba.

1973: yanke hulɗa, kuɗin mai, da haihuwar Abuja

Ranar 6 ga Oktoba 1973, daidai da 10 ga Ramadan, Masar da Siriya suka kai wa Isra'ila harin ba-zata. Rasha ta riƙa jigilar makamai ta sama zuwa ga Larabawa, Amurka na yi wa Isra'ila. Da yaƙi ya juya, sojojin Isra'ila suka tsallaka Suwez zuwa gaɓar yamma, wato suka taka ƙasar Afirka. Abin ya kai Amurka ta sa dakarunta na nukiliya cikin shirin ko-ta-kwana don gargaɗin Mosko.

Gowon ne shugaban Ƙungiyar Haɗin Kan Afirka a shekarar. Wasu sun riga shi: Gini tun 1967, Uganda da Cadi a 1972, Nijar da Mali a Janairun 1973. Shi ya daɗe yana jan ƙafa, yana cewa mai shiga tsakani ba ya ɗaukar ɓangare. Tsallaka Suwez ɗin nan ne ya ƙure masa hanzari, ranar 25 ga Oktoba 1973 Najeriya ta yanke hulɗa. Kafin shekara ta ƙare kusan duk ƙasashen Afirka sun yi haka, in ban da 'yan kaɗan irin su Malawi, Lesoto da Suwazilan.

Ga inda lissafi ya shigo. Larabawa sun hana Amurka da Holan man fetur, farashin ganga ya tashi daga wajen dala 3 zuwa kusan dala 12. Najeriya ta shiga ƙungiyar OPEC tun 1971, amma ba ta shiga takunkumin ba, ta ci gaba da sayar wa Amurka mai da sabon farashi. Kuɗin Udoji da ma'aikata suka kwasa, da jiragen siminti da suka cunkushe tashar Apapa a 1975, duk daga wannan garaɓasa suka fito. Ranar 3 ga Fabrairu 1976 Janar Murtala Muhammad ya sanar da cewa za a gina sabon babban birni a tsakiyar ƙasa. Dalilan barin Legas na gida ne, cunkoso da neman wurin da ba na wata ƙabila ba, amma ƙarfin halin fara aikin daga kuɗin mai ya zo. Garin nan da nake zaune a ciki yana da nasa rabon daga yaƙin Oktoba.

Shekara 19 ba a gaisawa, amma ana ciniki

Sadat ya gane cewa makullin Sinai yana hannun Amurka. Ya juya wa Mosko baya, ya je Ƙudus a 1977, aka yi yarjejeniyar Camp David a 1978 ƙarƙashin Shugaba Jimmy Carter, aka sa hannu kan zaman lafiya a Maris 1979. An kashe shi ranar 6 ga Oktoba 1981, Isra'ila ta kammala janyewa daga Sinai a 1982. Sai 'yan siyasa da dama a Kudu suka fara tambaya: wanda muka yi fushi dominsa ya shirya, mu me muke jira? Zayar ta maido da hulɗa a 1982, Laberiya a 1983, Kodibuwa da Kamaru a 1986.

Najeriya ta ƙi, kuma tana da hujja ta biyu bayan batun Falasɗinu: ƙawancen Isra'ila da gwamnatin wariyar launin fata ta Afirka ta Kudu, wadda firayim ministanta John Vorster ya kai ziyara Isra'ila a 1976. Sojojinmu kuma sun yi aikin kiyaye zaman lafiya a kudancin Labanan daga 1978 zuwa 1983, sun ga mamayar 1982 da idonsu. Duk da haka kamfanonin Isra'ila ba su bar ƙasar nan ba, sun ci gaba da samun kwangilar hanyoyi da ruwa.

Shekarar 1984 ta nuna wannan baki biyu ƙarara. Ranar 5 ga Yuli aka sace Alhaji Umaru Dikko a Landan, aka same shi a sume cikin akwati a filin jirgin Stansted. Kotun Ingila ta ɗaure mutum huɗu, uku 'yan Isra'ila, ɗaya ɗan Najeriya, kodayake gwamnatocin biyu sun ce ba hannunsu. Wata guda bayan haka Sarkin Kano Ado Bayero da Ooni na Ife, Oba Okunade Sijuwade, suka kai ziyara Isra'ila. Da suka dawo gwamnatin Janar Buhari ta hana su fita daga masarautunsu har wata shida. Sarkin Musulmin Hausa da sarkin Yarbawa, laifi ɗaya, hukunci ɗaya.

Babangida ya zo ya taka igiya biyu. A Janairun 1986 Najeriya ta zama cikakkiyar mamba a ƙungiyar ƙasashen Musulmi ta OIC, abin da ya tayar da ƙura sosai a Kudu. A Nuwamban 1988, da Yasir Arafat ya ayyana ƙasar Falasɗinu a birnin Aljiyas, Najeriya na cikin waɗanda suka amince da ita nan take.

1991 da 1992: duniya ta juya

Ku dubi yadda abubuwa suka zo a jere. A Oktoban 1991 Tarayyar Sobiyet ta maido da hulɗa da Isra'ila, wadda ta yanke tun 1967. Ranar 30 ga watan aka buɗe taron Madrid, Larabawa da Isra'ila suka zauna teburi ɗaya. Ranar 12 ga Disamba Babangida ya taso daga Barikin Dodan ya tare a Abuja. Ranar 16 ga Disamba Majalisar Ɗinkin Duniya ta soke ƙudurinta na 1975 da ya kira aƙidar sahayoniyanci wariyar launin fata. Kafin watan ya ƙare Tarayyar Sobiyet ta rushe. A Janairun 1992 Sin da Indiya suka ƙulla cikakkiyar hulɗa da Isra'ila.

Duniya ta koma hannun Amurka ita kaɗai, Najeriya kuma bashi ya yi mata katutu, tana neman sassauci daga ƙasashen Yamma. An saki Mandela tun 1990, don haka hujjar wariyar launin fata ta raunana. Ministan harkokin waje, Janar Ike Nwachukwu, ya ziyarci Isra'ila a 1991, aka maido da hulɗa a 1992, kuma a karon farko Najeriya ta buɗe ofishin jakadanci a Tel Abib.

Daga Oslo zuwa yau

An yi yarjejeniyar Oslo a 1993, Jodan ta yi sulhu a 1994, Saudiyya ta gabatar da shirin Larabawa na 2002 mai cewa a janye zuwa iyakokin 1967 a samu hulɗa da kowa. Ƙasar Falasɗinu dai ba ta tabbata ba, matsugunan Yahudawa a Gaɓar Yamma suka yi ta ƙaruwa. Maƙwabciyarmu Nijar ta maido da hulɗa a 1996, ta sake yankewa a 2002. Cadi ta maido a 2019. A 2020 Daular Larabawa, Bahrain, Maroko da Sudan suka amince su daidaita da Isra'ila bisa jagorancin Amurka, kowa da abin da aka ba shi: Maroko ta samu amincewar Amurka kan Yammacin Sahara, Sudan aka cire ta daga jerin masu ɗaukar nauyin ta'addanci.

Matsayin Najeriya a hukumance shi ne ƙasashe biyu masu zama kafaɗa da kafaɗa, kuma akasari ƙuri'arta na bin Falasɗinu, kamar a 2012 da aka ba ta kujerar 'yar kallo, da 2017 kan batun Ƙudus. Sau ɗaya aka ga bambanci babba. Shugaba Goodluck Jonathan ya je Isra'ila ziyarar ibada a Oktoban 2013 (ana yawan cewa shi ne shugaba mai ci na farko da ya je, amma Gowon ya riga shi). Ranar 30 ga Disamba 2014 aka kawo ƙudurin sa wa mamaya wa'adi a Kwamitin Sulhu. Ana buƙatar ƙuri'a 9, aka samu 8. Najeriya ta ƙaurace, Amurka ta huta da hawa kujerar naƙi. A shekarar ce kuma, ana tsakiyar yaƙi da Boko Haram, Amurka ta hana Isra'ila sayar wa Najeriya jirage masu saukar ungulu samfurin Cobra, saboda ƙirarta ne, gwamnati ta karkata wajen Rasha neman makamai. Kun ga ke nan ko ƙawancen ma sai babban yaya ya sa hannu. Amurka na ba Isra'ila tallafin soja na dala biliyan 3.8 duk shekara bisa yarjejeniyar 2016.

Rikicin ya ci rayuka a gida ma. Ranar 25 ga Yuli 2014 an kashe fiye da mutum 30 a Zariya yayin muzaharar ranar Ƙudus ta mabiya Sheikh Ibrahim Zakzaky, cikinsu har da 'ya'yansa uku. A Maris 2025 an sake rasa rayuka a arangama da jami'an tsaro a Wuse 2, nan Abuja, a irin wannan rana.

Ranar 7 ga Oktoba 2023 Hamas ta kai hari aka kashe kimanin mutum 1,200 a Isra'ila, aka yi garkuwa da wajen 250. Martanin Isra'ila ya kashe dubun dubatar Falasɗinawa, ya rusa mafi yawan Gaza. Afirka ta Kudu ta kai ƙara Kotun Duniya a Disamban 2023. Najeriya ta goyi bayan ƙudurorin tsagaita wuta, Shugaba Bola Tinubu ya halarci taron Riyad na Nuwamban 2024 ya jaddada batun ƙasashe biyu, amma ba a rufe ofishin kowa ba. A Satumban 2025 Ingila, mai wasiƙar Balfour, ta amince da ƙasar Falasɗinu, shekara 37 bayan Najeriya.

Abin da ya shafe mu

Ba na cewa kowa ya ajiye ra'ayinsa. Ni ma ina da nawa, kuma ganin gawarwakin yara a Gaza ba abin da mai imani zai yi shiru a kai ba ne. Amma mu da muke kwana muke tashi a garuruwan mutane, ya kamata mu riƙe wasu abubuwa. Cikin Falasɗinawa akwai Kiristoci, Baitalami ma garinsu ne, kuma an kai wa coci-coci hari a Gaza. Cikin 'yan ƙasar Isra'ila kusan kashi ɗaya bisa biyar Larabawa ne, akwai kuma Yahudawan da ke adawa da mamaya. Maƙwabcinka da ke tara kuɗin ziyarar Ƙudus ta hannun hukumar alhazan Kirista, wadda aka kafa a 2007, shekara ɗaya bayan tamu ta NAHCON, ibada ce ta kai shi, ba shi ya harba makami ba. Mun kuma sha gani, duk lokacin da rikici ya rikiɗe ya zama na addini ko ƙabila a Kudu, rumfar ɗan zango ake fara ƙonawa, kamar yadda a Arewa shagon baƙo ake fara fasawa. Manyan ƙasashen da ke hura wutar ba sa biyan diyyar ko kwandon tumatir ɗaya.

Na karanta wa ƙanena rabin wannan bayani ta waya. Da na zo kan Sarkin Kano da Ooni sai ya yi dariya, ya ce wannan kam sai ya gaya wa maƙwabcin nasa, don shi Bayerabe ne ɗan Ife. Na ce masa ya fara yi masa sallama tukuna.